KADMUS DA BAYAJIDA: LABARUN ASALI NA GIRKAWA DA NAMU

Duk malamin da ya taɓa koyar da tarihi a makarantun Kazaure, ko Roni, ko Gwiwa, ko Baɓura, ya san tambayar da yara su kan yi ran da aka zo kan labarin Bayajida. Su kan ce, "Malam, wannan gaskiya ne ko tatsuniya?" Malamai kuwa sun rabu biyu wajen amsawa. Waɗansu su ce gaskiya ne tsantsa, a haddace a rubuta ran jarrabawa. Waɗansu su ce zancen tsofaffi ne, ba shi da amfani ga mai ilmin zamani. Mu a ganinmu duka amsoshin nan biyu suna cutar yaro, domin ta fari tana hana shi tunani, ta biyu kuwa tana sa ya raina gidansu.

To, ba mu ne farkon waɗanda wannan tambaya ta dama ba. Akwai wata al'umma da ta riga mu shiga wannan rigima da shekaru fiye da 2,000, watau Girkawa, waɗanda Larabawa ke kira Yunanawa. Muna so mu duba labarunsu, mu jera su da namu, ko ma sami abin da malami zai riƙa faɗa wa yara ba tare da ya yi musu ƙarya ba.

GIDAN ALLOLIN GIRKAWA

Mutanen Girka na dā masu bautar gumaka ne, suna da alloli barkatai, kuma sun ɗauke su tamkar wani babban gida mai kakanni da 'ya'ya da jikoki da kishiyoyi. Mawaƙa biyu ne suka fi tsara wannan salsala, Homa da Hesiyod, waɗanda suka rayu wajen shekara 700 kafin haihuwar Annabi Isa.

Ga yadda Hesiyod ya jera su. Wai akwai Ƙasa, sunanta Gaya, ta haifi Sama, sunansa Uranos, sa'an nan su biyu suka haifi ƙatta goma sha biyu. Uranos ya ƙi jinin 'ya'yansa, ya tsare su cikin uwarsu, har autansu Kuronos ya ɗauki lauje ya nakasa uban, ya ƙwace mulki. Da Kuronos ya ji cewa shi ma ɗansa ne zai tumɓuke shi, sai ya shiga haɗiye 'ya'yansa da zarar an haife su. Ya haɗiye biyar. Da aka haifi na shida, Ziyus, sai matarsa Reya ta naɗe dutse cikin zanen goyo ta miƙa masa, ta ɓoye jaririn a wani kogo a tsibirin Kirit. Ziyus ya girma, ya sa uban ya amayar da 'yan'uwansa, aka yi shekara goma ana yaƙi, 'ya'ya suka rinjayi uba.

Homa ya ce bayan haka 'yan'uwa maza uku suka jefa ƙuri'a. Ziyus ya sami sama, Posaidon ya sami teku, Hedis ya sami ƙarƙashin ƙasa inda matattu su ke. Ziyus ya zauna bisa dutsen Olimfus, wanda ya fi ko wane dutse na ƙasar Girka tsawo, ya auri Hera, amma ya yi ta haihuwa da waɗansu mata, har da 'yan'adam. 'Ya'yan da ya haifa da 'yan'adam su ne manyan jarumawan labarunsu. Shahararrensu Heraklis, wanda Hera ta tsana sabo da kishi, har ta aika masa da macizai biyu yana jariri, ya shaƙe su da hannu. Duk wanda ya tashi a gidan kishiyoyi ba ya bukatar a yi masa sharhin wannan.

BAƘO DA MACIJI DA RUWA

Labarin da ya fi jawo hankalinmu shi ne na Kadmus. Wai shi ɗan Sarkin Taya ne, wani birni na bakin teku a ƙasar da a ke kira Lebanon yanzu. Ziyus ya rikiɗa ya zama bijimi ya sace 'yar'uwarsa Yuropa, wadda nahiyar Turai ta ci sunanta a bakin Turawa. Uban ya kori 'ya'yansa maza, ya ce kada wanda ya komo sai da ita. Kadmus ya yi ta yawo har ya isa Delfi, inda Girkawa ke zuwa duba. Aka ce masa ya bar neman 'yar'uwa, ya bi wata saniya, inda duk ta kwanta nan zai kafa gari.

Saniya ta kwanta. Kadmus ya aiki mutanensa su ɗebo ruwa a wani marmaro, ashe wani ƙaton maciji ne ke tsaronsa, ya hallaka su. Kadmus ya je ya kashe macijin, ya shuka haƙoransa, sai mayaƙa suka tsiro daga ƙasa da makamai, suka kashe juna, saura biyar. Waɗannan biyar su ne aka ce kakannin manyan gidajen birnin Tebes. Daga baya aka aurar masa da Harmoniya, 'yar allan yaƙi wanda macijin ya ke nasa.

Yanzu sai mu komo gida. Labarin Daura ya ce Bayajida ɗan Sarkin Bagadaza ne. Ya zo Barno, ya auri 'yar Sarki, ya gudu da ita da ya ga za a hallaka shi, ya bar ta a Garun Gabas ta haifi Biram. Ya biya Gaya, maƙera suka ƙera masa wuƙa. Ya iso Daura da dare, ya sauka gidan wata tsohuwa, Ayana, ya roƙi ruwa, ta ce ba a samun ruwa sai ran Juma'a, sabo da macijiya mai suna Sarki da ke cikin rijiyar Kusugu. Ya je ya zura guga, ya sare kan macijiya. Da gari ya waye mutane da yawa suka ce su suka kashe, shi kaɗai ya nuna kai. Sarauniya Daurama ta aure shi.

Ga baƙo ɗan sarki daga gabas, ga maciji mai hana ruwa, ga aure da ke ba baƙo gindin zama. Kowa ya ji labarun nan biyu zai yi mamaki. Amma kama da wane ba ta wane. Kadmus fili ya tarar, ya kafa gari. Bayajida gari ya tarar a kafe, da sarauniyarsa, da Galadima da Ƙaura, da jerin magajiyoyin da suka yi sarauta kafin Daurama, ga kuma maƙera a Gaya. Watau labarin da kansa ya shaida cewa akwai mutane da sarauta da sana'a a ƙasar nan tun baƙon bai zo ba. Malamin da ya ce wa yara Bayajida ne ya haifi Hausawa duka ya faɗi abin da ko labarin bai faɗa ba.

Kuma kada kamancin ya sa mu ce wani ya ara daga wani. Labarin jarumi da maciji yana nan a ƙasashe da yawa da ba su san juna ba, domin duk inda ruwa ke da wuya, mai iko da ruwa shi ne mai iko da gari. Haka nan kamancin suna. Gayan Hesiyod da Gayan ƙasar Kano babu abin da ya gama su sai lafazi.

SALSALA DA SIYASA

Girkawa ba su taɓa zama ƙarƙashin sarki guda ba a zamanin da mu ke zance. Birane ne ɗaruruwa, ko wane da hukumarsa, kullum suna yaƙi, amma harshensu ɗaya, al'adunsu ɗaya. To, yaya suka bayyana wannan zumunci? Da salsala. Suka ce bayan wani babban tufana Dukaliyon da matarsa suka tsira, suka haifi Helen, namiji, wanda har gobe Girkawa da sunansa su ke kiran kansu. Helen ya haifi uku, Doros da Ayolos da Zutos, Zutos kuma ya haifi Iyon da Akayos. Daga waɗannan aka sami manyan rassan Girkawa huɗu.

Namu kuwa kowa ya sani. Daurama ta haifi Bawo, Bawo ya haifi shida waɗanda suka yi sarautar Daura da Kano da Katsina da Zazzau da Gobir da Rano, aka gama da Biram suka cika Hausa Bakwai. Har ma an ce an raba musu aiki, Kano da Rano sarakunan baba, Katsina da Daura sarakunan kasuwa, Gobir sarkin yaƙi, Zazzau sarkin bayi, kamar yadda 'ya'yan Kuronos suka raba duniya.

Abin lura shi ne, irin wannan salsala ta kan sāke gwargwadon bukatar mai faɗa. Sa'ad da birnin Atens ke yaƙi da Sifata, wajen shekara 413 kafin haihuwar Annabi Isa, wani mai tsara wasan kwaikwayo na Atens, Yuripidis, ya tsara wasa inda ya mai da Iyon, kakan mutanen Atens, ɗan allansu Apolo, ya mai da Doros, kakan mutanen Sifata, ƙanensa ɗan mutum kawai. Da alƙalami ya ɗaga garinsu ya ƙasƙantar da abokan gaba. Mutanen Makidoniya kuwa, ƙasar Iskandar mai yaƙi, tsohuwar salsala ta sa su dangi ne ta wajen mace, ba zuriyar Helen ba. Masanin tarihi Hirodotas ya ba da labari cewa da wani sarkinsu ya zo shiga wasannin Olimfiya, sai da ya kawo hujjar asalinsa kāna aka yarda masa.

Wannan shi ne matsayin da labarinmu ya ba Banza Bakwai. An ce Daurama ta ba Bayajida ƙwarƙwara, Bagwariya, ta haifi Karɓagari, daga gare shi aka sami Kabi da Zamfara da Yawuri da Gwari da Nufe da Kwararrafa da Yarbawa. Watau dangi ne, amma 'yan bayan ɗaki. Mu sani cewa wannan magana ce ta mai riƙe da labari, kuma waɗancan al'ummai ko wace tana da nata labarin asali, wanda bai san da Karɓagari ba. A ajin da ɗan Bagwari ko ɗan Banufe ko ɗan Bayarabe ke zaune, malami ya kula da bakinsa ƙwarai.

Ko a cikin gida ma ba baki ɗaya aka yi ba. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, cikin littafinsa Infaƙul Maisuri na 1812, ya kawo ruwayar da ta ce Bawo bawan Sarkin Barno ne, ya kuma ware Gobirawa ya ce asalinsu dabam. Ga Bawo guda, a wani baki jikan Sarkin Bagadaza, a wani baki bawa. Ko wace ruwaya tana nuna inda mai ita ya tsaya.

ƘASAR KAZAURE A TSAKANIN 'YAN'UWA UKU

Wannan magana ta shafi mutanen Kazaure fiye da kowa, domin ƙasarsu ta zauna ne daidai inda iyakokin Kano da Katsina da Daura suka gamu, watau gadon 'ya'yan Bawo uku. Ɗan Tunku, shugaban Fulani Yarimawa, ya ƙi yi wa Sarkin Kano Ibrahim Dabo mubaya'a cikin 1819, aka yi shekaru ana gwabzawa, har Sarkin Musulmi Bello ya raba gardama, Kazaure ta tsaya da kanta. Ɗan Tunku ya rasu cikin 1824, ɗansa Dambo ya gaje shi. Wannan tarihi ne mai shekaru da shaidu. Can kuma kusa da Baɓura akwai Baure, wadda ita da Zango nan ne zuriyar sarakunan Haɓe na Daura suka zauna bayan jihadi, har Turawa suka komo da Malam Musa gadon Daura cikin 1906.

Amma a bayan wannan tarihi akwai wani labari da ya girme shi. Ana faɗin cewa wani maharbi, Kutumbi, ya taso daga wajen dutsen Dala, ya iske wani wuri da duwatsu suka kewaye, ya daɗe bai koma gida ba. Da aka bi sawunsa aka same shi, sai aka ce wurin nan kamar zaure, wai daga nan sunan Kazaure ya samu. Girkawa ma sun ƙware a irin wannan. Sun ce tekun Ijiyan ya ci sunan wani sarki ne, Ijiyus, wanda ya faɗa ciki don baƙin ciki da ya zaci ɗansa ya mutu. Sau da yawa suna ne ke riga labari, mutane su ji suna su ƙago masa dalili. Duk da haka labarin maharbin yana riƙe da abu mai amfani, domin ya nuna cewa tun dā mutanen duwatsun Kazaure suna danganta kansu da Dala, inda Tarihin Kano ya ce Barbushe na tsafi wa Tsumburbura kafin zuwan Bagauda.

Haka kuma masu bori, waɗanda suka jera iskoki gida gida a birninsu na Jangare, da Sarkin Aljan Sulemanu da Inna da Ɗan Galadima da sauransu, wannan uban wancan, wancan kishiyar waccan. Mai duba wannan jeri zai ga fādar sarkin Hausa ce sak, da sarautunta da rigingimunta, kamar yadda gidan Ziyus ya ke hoton gidan basaraken Girka.

ABIN DA MASU HANKALINSU SUKA YI

Kada a zaci Girkawa duka sun haɗiye labarun nan. Tun wajen shekara 500 kafin haihuwar Annabi Isa wani masani, Zinofanis, ya zargi Homa da Hesiyod cewa sun jingina wa alloli sata da zina da yaudara. Aflatun ya ce kada a koya wa yara labarin ɗa ya nakasa ubansa. Wani kuma, Yuhimeros, wajen shekara 300, ya ce allolin nan sarakuna ne na dā waɗanda aka girmama har aka bauta musu. Bautar gumakan ta mutu bayan da Sarkin Rum Tiyodosiyus ya hana ta cikin 391 da 392, amma labarun suka wanzu a makarantu, ana karanta su don harshe da hikima.

Malaman Musulunci na Bagadaza, a zamanin Halifa Ma'amun wanda ya yi mulki daga 813 zuwa 833 da bayansa, sun fassara littattafan Girkawa na likitanci da lissafi da falsafa, na su Jalinusu da Aristo, suka bar na alloli. Ibn Haldun kuwa, cikin Muƙaddima da ya rubuta cikin 1377, ya gargaɗi masu tarihi su riƙa auna ko wane labari da hankali da yanayin zaman mutane kafin su karɓa.

Daga baya sai aka koma tambayar ƙasa da kanta. Wani Bajamushe, Heinrich Schliemann, ya shiga haƙa a wani tudu na ƙasar Turkiyya cikin 1871, ya tarar da kufan birni bisa kufan birni a inda Homa ya ce an yi yaƙin Tiroya. Cikin 1952 wani Baturen Ingila, Michael Ventris, ya warware wani tsohon rubutu da aka samu bisa allunan yumɓu, sai ga shi harshen Girka ne, ga sunayen Ziyus da Hera da Posaidon an rubuta su kimanin shekara 500 kafin Homa. Cikin 1963 kuma aka haƙo hatimai na ƙasashen gabas a kufan fādar Tebes, birnin Kadmus.

Ba wanda ya haƙo haƙoran maciji. Amma Hirodotas ya ce mutanen da suka zo tare da Kadmus su suka kawo wa Girkawa haruffa, kuma masana sun tabbatar cewa haruffan Girka daga mutanen wancan bakin teku aka aro su. Alfa da beta na Girkawa 'yan'uwan alif da ba ne. Daga Girkawa haruffan suka isa Rumawa, daga Rumawa suka zama bokon da a ke buga wannan jarida da shi. Ajami ma tushensa can ya ke. Ashe ruwa ba ya tsami banza.

Namu labarin ma haka masana suka yi ta aunawa. H. R. Palmer ya zaci Bayajida shi ne Abu Yazid, wani mai tawaye na Afirka ta Arewa da aka kashe cikin 947. Farfesa Abdullahi Smith, cikin 1970, ya nuna cewa sarautun Hausa a gida suka tsiro, daga ƙauye zuwa gari zuwa birni. Yaro ma zai iya gano waɗansu abubuwa da kansa in an nuna masa hanya. Bagadaza ba a gina ta ba sai 762, ranar Juma'a kuwa Musulunci ne ya ba ta daraja. Sabo da haka labarin, a sifar da mu ke jinsa, ya bi ta bakin Musulmi ne kafin ya iso gare mu, ko da ƙashinsa ya girmi haka.

ROƘONMU GA MALAMAI DA AKAWUNA

To, in yaro ya sāke tambaya, me za a ce masa? A ce masa wannan labarin asali ne. Kakanninmu sun zuba cikinsa abin da suka tuna da abin da su ke so a tuna. Aikin mai ilmi shi ne ya sheƙe, ya rarrabe tsaba da ƙaiƙayi. Sa'an nan a ba shi labarin Kadmus, a ce ya jera su biyu, ya faɗi inda suka dace da inda suka saɓa. Yaron da ya yi wannan sau ɗaya ya koyi tarihi fiye da wanda ya haddace sunayen sarakuna ɗari.

Abin da ya sa duniya ta san Ziyus ba ta san Tsumburbura ba, shi ne Girkawa sun sami masu rubutawa da wuri. Mu kuwa ko wace shekara tsofaffi na tafiya da abin da ke bakinsu. Sabo da haka muna roƙon ko wane malami a Roni da Gwiwa da Baɓura da Kazaure ya ware littafi guda. In an yi hutu ya je wa tsofaffin garinsu, da maƙera, da maharba, da maroƙan fāda, da Maguzawan da ke kusa, ya tambayi wanda ya fara saran garin, da dalilin sunansa, da labarin dutse ko rijiya ko kukar da a ke tsoro. Ya rubuta yadda aka faɗa, kada ya gyara don ya dace da abin da ya karanta a littafi. Ya sa ranar da ya ji da garin da ya ji. In ya sami ruwaya biyu masu saɓani ya ajiye duka, domin saɓanin nan shi ne abin da masana suka fi bukata.

Akawuna kuma na ofisoshin hakimai da na ƙananan hukumomi, ku duba tsofaffin takardun gunduma da aka gada tun zamanin En'e, waɗanda aka daina aiki da su bayan gyaran 1976. Cikinsu akwai tarihin garuruwa da jerin dagatai. Ku tsare su daga gara da yoyon damina, in da hali a kai kwafinsu gidan ajiye takardun tarihi na Kaduna ko Arewa House.

Da tsohuwar zuma a ke magani. Allah ya sa a dace.